Tagullar Benin: Ganimar 1897 da Taƙaddamar Dawo da Ita

A watan Fabrairun 1897 sojojin Birtaniya kimanin 1,200, ƙarƙashin Harry Rawson, suka afka wa Birnin Benin, wanda yanzu yake cikin Jihar Edo. Hujjarsu ita ce ramuwar gayya kan kisan jami'insu James Phillips da 'yan tawagarsa wata guda kafin nan. Gari ya ƙone, aka kwashe dubban kayan tagulla da na hauren giwa daga fada, sarkin Benin, Oba Ovonramwen, kuma aka kai shi Kalaba, inda ya rasu a 1914. Ganimar ta bi ta hannun sojoji da 'yan gwanjo ta watsu a Turai da Amurka.

Kayan nan ba na ƙawa ba ne kawai. Kawunan tagullar ana girka su ne a wurin tsafin sarakunan da suka shuɗe, a kafa sassaƙaƙƙen haure a bisansu. Allunan tagullar kuwa, da a can baya ake kafewa a ginshiƙan fada, su ne kundin tarihin masarautar: ga mayaƙa, ga fadawa, har da fataken Fotugal da bindigoginsu. Maƙeran unguwar Igun kan siffanta abu da kakin zuma, su lulluɓe shi da yumɓu, su gasa har kakin ya tsiyaye, sannan su ɗura narkakkiyar tagulla a gurbinsa. Dole a fasa yumɓun kafin aikin ya fito, shi ya sa kowanne tilo ne.

Gidan Tarihin Birtaniya da ke Landan yana riƙe da kimanin 900, yana kuma fakewa da wata dokar 1963 da ta hana shi rabuwa da kayan da ke hannunsa. Ko aron fuskar hauren Sarauniya Idia, wadda ita ce tambarin bikin FESTAC na 1977 a Legas, bai bayar ba. Masu cewa kayan sun fi samun tsaro da 'yan kallo a Turai ba su cika tsayawa kan yadda suka isa can ba.

Jamus ce ta sauya akalar zancen a 2022, da ta miƙa wa Nijeriya mallakar sama da guda 1,100. Sai rigimar ta koma cikin gida: na gwamnatin tarayya ne, na Jihar Edo, ko na fada? A 2023 Shugaba Muhammadu Buhari ya ayyana sarkin Benin, Oba Ewuare II, a matsayin mai su, abin da ya sa wasu gidajen tarihin Turai suka ɗan ja da baya. Duk da haka, a 2025 Holan ta dawo da guda 119.