Fim Mai Dogaro da Yanayi: Ina Matsayinsa a Kano?

Akwai wani nau'in fim wanda ba ya bin labari daki-daki, daga mafari zuwa rikici zuwa warwara. Maimakon haka, mai shirya shi yakan dogara ga haske da inuwa, da sauti da shiru, da tsawon lokacin da hoto ke ɗauka a kan allo, don ya jefa mai kallo cikin wani hali na zuci, ko kewa ko fargaba ko bege. Alal misali, a 1943 Maya Deren ta Amurka ta yi ɗan gajeren fim mai suna Meshes of the Afternoon, inda mace guda take ta maimaita shiga gida guda kamar a mafarki, ba tare da an furta kalma ko ɗaya ba.

Wanda ya zaga ofisoshin 'yan fim na Titin Gidan Zu, wanda ya taso daga Gyaɗi-Gyaɗi cikin ƙaramar hukumar Tarauni, zai iya cewa wannan salo baƙo ne a nan. Yana da hujja. Fim ɗin bidiyo na Hausa, tun daga Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990, ɗa ne ga wasan kwaikwayo na dandali da na talabijin, kuma ya gaji ɗabi'ar uban nasa, watau yawan magana. Akan zaunar da mutum biyu a falo su yi ta bayani har mai kallo ya fahimci kome ko da idonsa a rufe yake.

Amma fa ba haka aka faro ba. A 1976 Adamu Halilu ya mayar da littafin Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa fim. Labari ne sosai, ba a musu, sai dai inda marubucin ya ƙetare hamada cikin 'yan layuka, shi Adamu tsayawa ya yi. Ya bar ayari yana tafiya a hankali cikin rairayi, har nisan da ke tsakanin Umar da mahaifiyarsa ya zama abin da ido ke gani, zuciya kuma ta ji nauyinsa. Wannan ya dace da halin Bahaushe ƙwarai, domin kunya da kara sukan hana shi faɗin abin da ya fi damunsa. Uwar da ba ta ambatar sunan ɗanta na fari, ta yaya za a sa ta bayyana ƙaunarsa da dogon jawabi?

Abin mamaki, a fina-finan Kano wurin da labari ke tsayawa cik a bar wa zuciya fili shi ne waƙa, musamman tun bayan fitowar Sangaya. Nan ne wuri da tufafi ke sauyawa babu dalili, lokaci ya daina lissafuwa. To, kuma ita waƙar ce aka fi suka da cewa aron Indiya ce, ita ce kuma ta fi shan gogayya da Hukumar Tace Fina-finai ta Jihar Kano, wadda aka kafa a 2001.

Shi kuwa Shaihu Umar, ɓacewa ya yi shekara da shekaru, sai a 2016 aka tsinto faifansa a wata tsohuwar ma'ajiya. A Jamus aka gyara shi, aka kuma nuna shi a bikin fina-finai na Balin a 2018.