Jack Davis, Mawaƙin Mutanen Noongar

Yawancinmu in an ambaci Ostareliya, abin da mu ke tunawa shi ne darasin labarin ƙasa, watau tumaki da ulu da dabbar nan mai ɗaukar ɗanta cikin jaka. Ba safai a kan gaya mana labarin mutanen da Turawa suka tarar a ƙasar ba, waɗanda a ke kira Aborijin. To, ɗaya daga cikinsu na ke so in ba ku labarinsa, sunansa Jack Davis, mawaƙi ne kuma marubucin wasan kwaikwayo.

An haife shi a birnin Perth, a Ostareliya ta Yamma, cikin shekarar 1917. Shi ne na huɗu cikin 'ya'ya 11. Ya tashi a wani ɗan gari da a ke kira Yarloop, inda ubansa ke aiki a gidan tsaga katako. A zamanin nan akwai wata doka ta 1905 wadda ta sa kowane yaro Aborijin a hannun wani babban ma'aikacin gwamnati, ba a hannun iyayensa ba. Sunan muƙamin wai Babban Mai Tsaron Aborijin, kuma Baturen da ya riƙe shi daga 1915 har 1936 shi ne A. O. Neville. Sai da izninsa mutum zai yi aure ko ya yi ƙaura, kuma in ya ga dama ya kan raba ɗa da uwarsa.

Cikin 1932, Jack yana da shekara 14, aka aika da shi da ɗan'uwansa wani sansani da gwamnati ta kafa a bakin kogin Moore, wajen mil 80 arewa da Perth. Alkawarin da aka yi wa ubansu shi ne za a koya musu aikin gona. Da suka je ba su ga koyarwa ba, sai aikin ƙarfi da abinci marar kirki, da dare kuma a kulle yara cikin ɗakin kwana. Bai cika shekara ba ya bar wurin. Mu da mu ke koyon aikin malanta ya kamata mu lura da wannan, domin makarantar Jack ke nan ta ƙare. Amma tun a shekarun nan ya fara rubuta waƙoƙi, yana huce haushinsa a takarda.

Ba a daɗe ba ubansa ya rasu, gida ya watse. Jack ya yi arewa, ya shekara da shekaru yana kiwon shanu da tumaki a gandayen Turawa, yana horar da dawaki. Daga baya ya komo kudu, ya zauna a Brookton cikin mutanen Noongar, watau ƙabilar da ke da kudu maso yammacin ƙasar tun fil azal. A nan ya zauna gaban tsofaffi ya koyi harshensu da labarunsu, gama shi da Turanci ya tashi. A ganina wannan zama shi ne babbar makarantarsa.

Littafinsa na farko, The First-born and Other Poems, bai fito ba sai 1970, yana da shekara 53. Shekara uku kafin wannan, watau 1967, aka yi ƙuri'ar raba gardama, fiye da kashi 90 cikin 100 suka yarda a riƙa lissafa Aborijin cikin ƙidayar mutanen ƙasa. Kunnuwan jama'a sun fara buɗewa ke nan. Jack ya zama editan wata mujalla mai suna Identity, ya buga rubuce-rubucen matasan Aborijin da yawa.

Amma wasan kwaikwayo ne ya fid da sunansa. Cikin 1979 gwamnatin jihar ta yi bikin cika shekara 150 da saukar Turawa, ba a ko kula da waɗanda aka tarar ba. Jack ya mai da martani da wasa mai suna Kullark, ma'anarsa gida. A ciki ya kawo labarin Yagan, jarumin Noongar da aka harbe cikin 1833, aka yanke kansa aka kai Ingila. Sa'an nan cikin 1982 ya yi The Dreamers, labarin wani tsoho mai suna Worru da ke zaune da danginsa a bayan birni, jikinsa na nan, hankalinsa kuwa na can zamanin da. Jack da kansa ya fito a matsayin tsohon.

Wanda ya fi duka shahara shi ne No Sugar, watau Babu Sukari, na 1985. A nan ya koma sansanin kogin Moore da ya sani tun yana yaro. Tushen wasan abu ne da ya faru da gaske. Cikin 1933 aka kwashe Aborijin na garin Northam, mutum fiye da 80, aka kai su sansanin, wai suna da ƙazwa. Da aka duba su, huɗu kaɗai aka samu da ita. Ainihin dalili kuwa, zaɓe ya gabato, Northam mazaɓar Firimiyan jihar ce, Turawan garin kuma ba su son maƙwabtaka da su. Duk da haka Firimiyan ya faɗi zaɓen.

Jack bai cika wasan da kuka ba. Ya ɗauki gida ɗaya, gidan Millimurra, ya nuna mana kaka da uwa da kawu mai zafin baki da samari. Muna ganinsu suna jayayya da ɗan sanda a kan rabon gari da shayi, ran nan kuma a ce musu an soke sabulu daga cikin rabon, sa'an nan a juyo a ce da su ƙazamai. Suna ba'a, suna faɗa, suna rawar gargajiya. Neville kansa yana cikin wasan, yana zaune a ofis yana lissafin kwabo. In 'yan gidan suna son su yi maganar da Bature ba zai ji ba, sai su juya harshen Noongar, 'yan kallo Turawa su ma su zauna ba su ji, su ɗanɗana yadda abin ya ke. Da aka fara nuna wasan a Perth ma ba a bar 'yan kallo zaune wuri ɗaya ba, sai da suka tashi suka bi 'yan wasan daga wannan wuri zuwa wancan, kamar su ma an kore su. Cikin 1986 aka kai shi Vancouver ta ƙasar Kanada.

Bai bar waƙa ba. Cikin 1983 wani yaro ɗan shekara 16, John Pat, ya mutu a hannun 'yan sanda a garin Roebourne. Jack ya yi masa waƙa, ya sa sunansa a kan littafin waƙoƙinsa na 1988. Mutuwar yaron na cikin abubuwan da suka sa gwamnati ta kafa hukumar bincike cikin 1987 a kan Aborijin da ke mutuwa a tsare.

Jack Davis ya rasu a watan Maris na shekarar 2000, yana da shekara 83. Kafin rasuwarsa, cikin 1997, dattawan Noongar sun je Ingila sun karɓo kan Yagan. No Sugar kuwa ya shiga cikin littattafan da a ke karantawa don jarrabawa a makarantun sakandare na Ostareliya, a ƙarshen littafin an jera kalmomin Noongar da ma'anarsu domin ɗalibai.