Yadda Sarrafa Wasannin Ƙwallo Na Kwamfuta Ya Sauya Cikin Shekara 30

Masu buga wasannin ƙwallon ƙafa na kwamfuta sun daɗe suna muhawara kan ko tsofaffin wasannin sun fi na yanzu buƙatar ƙwarewa. Tushen muhawarar shi ne yadda ake sarrafa 'yan wasa.

A wasan Sensible Soccer, wanda ya fito a 1992, ana kallon fili ne daga sama, kuma maɓalli ɗaya ke yin komai. Taɓa shi kaɗan yana ba da fas, danne shi kuma yana harba ƙwallo. Ƙwallon ba ta manne wa ƙafar ɗan wasa sosai, don haka wanda ya juya da gaggawa sai ta kuɓuce masa.

A 1993 kamfanin EA ya fitar da FIFA International Soccer, a 1994 kuma Konami na Japan ya fitar da International Superstar Soccer, inda aka raba ayyuka tsakanin maɓallai da dama. Duk da haka, ɗan wasa na gudu ne ta fuskoki takwas kacal.

Babban sauyi ya zo a 2009, lokacin da FIFA 10 ya ba da damar juya ƙwallo ta kowace kusurwa. Bayan shekara biyu, FIFA 12 ya sauya tsarin tsaron baya. A da, danne maɓalli ya isa ya tura ɗan baya ya ƙwato ƙwallo. Daga nan sai ya zama dole mai wasa ya tare hanya, ya kuma zaɓi lokacin kai farmaki.

Sai dai wasannin yanzu suna taimaka wa mai bugawa wajen saita fas da harbi, sai in ya kashe wannan tsari da kansa. Wannan ne abin da masoya tsofaffin wasanni ke kuka da shi, domin a ganinsu kwamfuta na ɗauke wani ɓangare na aikin hannu.

Sunaye ma sun sauya: PES ya koma eFootball a 2021, FIFA kuma ya zama EA Sports FC a 2023.

A taƙaice, tsohon wasa yana da sauƙin koyo amma ƙwarewa a kansa na da wuya. Sabon kuwa yana rufa wa ɗan koyo asiri, amma mai son yin fice sai ya haddace haɗe-haɗen maɓallai masu yawa.