Lissafin Ƙwayar Haske: Abin Da Ya Kamata Mai Sayen Farantin Sola Ya Sani

Duk wanda ya zaga garuruwanmu zai ga farantan sola shimfiɗe bisa rufin gidaje da masallatai da rijiyoyin burtsatse. Da tsakar rana, in gari ya yi garau, murabba'in mita guda na ƙasa yana samun kimanin wat 1,000 na hasken rana. Amma faranti mai wannan faɗi wat 200 ko sama kaɗan yake bayarwa. To, ina sauran ya tafi? Amsar tana cikin wani ɗan lissafi wanda ya girmi kakanninmu.

Cikin shekarar 1900 wani masani mutumin Jamus, Max Planck, ya kawo shawarar cewa kuzarin haske a ƙididdige yake fita. A 1905 Albert Einstein ya ƙara da cewa hasken kansa ƙwaya-ƙwaya yake tafiya, kamar tsabar gero. Wannan ƙwaya ita ake kira foton. Bayanin nan kuwa shi ne ya jawo masa lambar yabo ta Nobel ta 1921.

Ga yadda ake auna kuzarin ƙwaya guda. Kowane irin haske yana da yawan kaɗawar da yake yi cikin sakan ɗaya. Sai a ninka wannan adadi da wata lamba da ba ta sauyawa, wadda aka sa wa sunan Planck, watau 6.626 × 10⁻³⁴. Masana sukan taƙaita shi da E = hf. Misali, koren haske yana kaɗawa wajen sau tiriliyan 560 a sakan, tiriliyan kuwa miliyan ce sau miliyan. In aka ninka, za a sami jul 3.7 × 10⁻¹⁹. Da yake jul ya yi wa abin girma ainun, sai aka samo ƙaramin mudu mai suna elektron-bolt. Da shi, ƙwayar koren haske 2.3 ce, ta jan haske kuwa wajen 1.8.

To, da silikon ake yin farantin sola, shi kuwa ba ya sakin elektron guda don ya zama lantarki sai an biya shi elektron-bolt 1.1. Mai karatu ya ɗauka wata ƙofa ce mai kuɗin shiga, mai dokoki biyu: ba a karo-karo, ba a kuma ba da canji. Ƙwayar da ba ta kai 1.1 ba, irin mafi yawan hasken nan da ido ba ya gani wanda ke ƙasa da ja, ba ta da shiga, kome yawan 'yan'uwanta. Koriya kuma da ta zo da 2.3, elektron guda tak za ta saki, ragowar 1.2 ya zama zafi. Ta waɗannan hanyoyi biyu kaɗai kusan rabin kuzarin rana yake salwanta.

Farantin silikon na farko mai amfani, wanda aka ƙera a ɗakin binciken Bell a Amurka cikin 1954, kashi 6 cikin 100 kawai yake mayarwa lantarki. A 1961 William Shockley da Hans Queisser suka lissafa cewa faranti mai shimfiɗa ɗaya ba zai wuce kimanin kashi ɗaya bisa uku ba, kome gwanintar maƙeri.

Saboda haka, jama'a, in ɗan kasuwa ya ce muku farantinsa mai faɗin murabba'in mita guda zai ba da wat 500, ku riƙe kuɗinku. A auna tsawo da faɗi, a ninka su, a ba kowane murabba'in mita wat 200 da ɗan ɗori. A kuma bar wa farantin sarari a ƙarƙashinsa don iska ta ratsa, gama in silikon ya ɗau zafi, lantarkin raguwa yake yi. Haske yake so, zafin rana kuwa cutarsa ne.