Shin Ko Kun San? Lissafin Wata a Jikin Mace

Matan Gaya da ƙauyukan da ke kewaye da ita sun san kwanakin hailarsu da na tsarkinsu sarai, domin salla da azumi sun rataya a kansu. Abin da ba a cika koya musu ba shi ne aikin da jiki ke yi tsakanin wannan jini da na gaba. A nan ne ake samun ciki, a nan ne kuma ake rasa shi, kuma mace na iya gane alamominsa da kanta in an nuna mata. Matambayi ba ya ɓata, don haka ga abin da shafinmu ya tattaro muku.

Shin ko kun san cewa ranar farko ta zubar jini ita ce rana ta 1 a lissafin likitoci? Daga ita ake ƙirgawa har zuwa jajibirin jini na gaba. Duk matar da lissafinta ya faɗa tsakanin kwana 21 da 35, lafiyarta ƙalau ta wannan fuska. Kwana 28 da ake yawan faɗa ba kowa ke da shi ba. A 2019 masu bincike a Ingila da Suwidin sun duba zagayen haila fiye da 600,000, suka tarar kashi 13 cikin 100 ne kacal ke cika kwana 28 daidai.

Shin ko kun san cewa daga ƙwaƙwalwa umarnin ke fitowa? Wata 'yar halitta da ke ƙarƙashin ƙwaƙwalwa ce ke aika sinadari ta cikin jini zuwa gidan ƙwai, a dama da hagun mahaifa, sai ƙwayaye kaɗan su fara girma. Suna girma suna fitar da sinadarin istirojin, shi kuma yana ƙara wa bangon mahaifa kauri. Idan ɗaya ya nuna, sai wani sinadarin mai suna LH ya hauhawa, cikin awa 24 zuwa 36 ƙwan ya fita ya shiga bututun mahaifa. Gurbin da ya bari sai ya koma fitar da furojestaron, mai riƙe bangon mahaifa. In ba a sami ciki ba, furojestaron ya sauka, bangon ya zube, shi ne jinin haila.

Shin ko kun san cewa da ƙwayayenta ake haihuwar 'ya mace? Jaririya na zuwa duniya da tsakanin miliyan 1 zuwa miliyan 2. Kafin ta balaga sun ragu zuwa kusan 300,000, kuma 400 zuwa 500 ne kawai za su fita a duk tsawon shekarun haihuwarta. Faɗin kowanne kusan kashi 1 cikin 10 na milimita ne.

Shin ko kun san cewa daga baya ake ƙirgo ranar fitar ƙwai? Kwanakin da ke gabanta suna tsawo suna gajarta, amma waɗanda ke bayanta kusan a tsaye suke, kwana 12 zuwa 14. Likitoci biyu ne suka gano haka a shekarun 1920, kowa a ƙasarsa: Kyusaku Ogino a Jafan da Hermann Knaus a Ostiriya. Saboda haka mai kwana 26 za ta saki ƙwai wajen rana ta 12, mai kwana 28 wajen rana ta 14, mai kwana 35 kuwa sai wajen rana ta 21. Matar da aka ce wa kowa rana ta 14 ce, alhali watanta dogo ne, za ta yi ta kuskure da mako guda cur, ko tana neman ciki ko tana neman hutu.

Shin ko kun san cewa ƙwan mace ba ya wuce awa 12 zuwa 24 da rai bayan ya fita, amma ƙwayoyin maniyyi na iya jiransa har kwana 5? Haɗa su ya ba da kwana 6 a wata: biyar kafin fitar ƙwai da ranar fitarsa. Wani bincike da aka yi kan mata 221 a Amurka, aka wallafa a 1995, ya nuna duk cikin da aka samu a waɗannan kwanaki 6 aka same shi. Wannan ya shafi gidajen da maigida direba ne ko ɗan fatauci tsakanin Gaya da Kamba ko Dosso da Yamai. Idan zuwansa gida kullum yana saɓawa da waɗannan kwanaki, ana iya shekara ba labari, alhali kowa lafiyarsa lau.

Shin ko kun san cewa zafin jikin mace na ɗan ƙaruwa bayan fitar ƙwai? Furojestaron ne ke jawo haka, kuma ƙarin bai wuce digiri 0.2 zuwa 0.5 ba. Wadda ke tashi da 36.3 sai ta koma tashi da 36.6 ko 36.7, ta zauna a haka har jini ya kusa, sannan ya sauka. Wani likitan Landan, William Squire, ya lura da wannan hawa da sauka tun 1868. Likita mace 'yar Amurka, Mary Putnam Jacobi, ta yi irin wannan awo a rubutunta kan haila da ya ci kyauta a 1876. A farkon ƙarni na 20 ne likitan Holan Theodoor van de Velde ya danganta abin da aikin gidan ƙwai.

Shin ko kun san cewa tafin hannu ba ya jin wannan ƙari? Sai da ma'aunin zafin jiki, irin mai nuna lamba da ake samu a kantin magani. Ga yadda ake yi: ki ajiye ma'aunin da ɗan littafi da biro kusa da matashin kai. Da kin farka da asuba, bayan barcin aƙalla awa 3 a jere, kafin ki sauko daga gado, kafin ki kurkure baki ko ki ɗauki buta, ki sa shi ƙarƙashin harshe ki rufe baki har ya yi ƙara. Ki rubuta lambar nan take da kwanan wata. Gobe ma a wannan lokaci, da wannan ma'auni. Lambar rana ɗaya ba ta faɗin komai, jerin wata biyu ko uku ne ke nuna hanya.

Shin ko kun san cewa ma'aunin labarin abin da ya riga ya wuce yake bayarwa? Idan aka ga kwana 3 a jere lambar ta haura ta kwana 6 da suka gabace su, to ƙwai ya riga ya fita. Mai neman ciki da ta tsaya jiran zafi ya hau ta makara a wannan wata. Amfanin littafin gare ta shi ne ya tabbatar mata tana sakin ƙwai, ya kuma nuna mata wajen da ranar ke faɗawa, don ta shirya wa wata mai zuwa.

Shin ko kun san cewa abubuwa da yawa na rikita wannan awo? Rashin barci a daren bazara, lokacin da zafin rana a Gaya ke haura digiri 40 har a kwana a tsakar gida ana fifita, yana rikita shi. Haka tashi girkin sahur a watan azumi, kwanan hanya, jinyar yaro cikin dare, da mura. Duk ranar da ɗaya ya faru, a rubuta dalilin kusa da lambar. Mai shan ƙwayar tazarar haihuwa ko mai yin allurarta kuwa yawanci ba za ta ga wannan hawa ba, domin tsayar da fitar ƙwai na cikin aikin maganin.

Shin ko kun san cewa fitar ƙwai ba ta sa masassara? A riƙe wannan da kyau. Gaya na cikin wuraren da suka fi samun ruwan sama a Nijar, kusan milimita 800 a shekara, ga Kogin Isa, ga gonakin shinkafa da fadamu, sauro bai rasa wurin hayayyafa ba. Rabin digirin da muke magana a kai ba ya sa rawar ɗari, ba ya sa ciwon kai da na gaɓoɓi, ba ya ɗaure wa mutum baki da ɗaci. Idan ma'auni ya nuna 37.5 ko sama da haka, kuma jiki ya mutu, kada a ce ai wata ne ya zagayo. A tafi gidan likita a tsaga ɗan yatsa a yi gwajin zazzaɓin cizon sauro, cikin minti 15 zuwa 20 sakamako ya fito.

Shin ko kun san cewa zafin da ya hau ya ƙi sauka har kwana 18 alama ce mai ƙarfi ta samun ciki? Idan ya haɗu da ɓatan wata, sai a yi gwajin fitsari. Sanin ciki da wuri na da muhimmanci a yankin sauro, domin zazzaɓi ga mai ciki na jawo ƙarancin jini, ɓari, da haihuwar jariri maras nauyi. A fara zuwa awo da wuri, a kwana cikin gidan sauro mai magani, a karɓi maganin rigakafin da ake bai wa masu ciki bayan an cika wata 3, kuma a daina shan kowane magani ko jiƙo ba da sanin likita ba.

Shin ko kun san cewa akwai alamar da ke riga zafin jiki zuwa, kuma ba ta buƙatar ko dala? Kwana kaɗan kafin fitar ƙwai, ruwan da ke fitowa daga bakin mahaifa yakan canza. Daga bushewa ko kauri mai danƙo, sai ya koma garai-garai, mai santsi, yana jawuwa tsakanin yatsu biyu kamar yauƙin kuɓewa. Shi ke raya ƙwayoyin maniyyi, ya buɗe musu hanya. Likitoci biyu miji da mata, John da Evelyn Billings na Melbon a Ostireliya, sun gina hanyar tsara iyali sukutum a kan wannan alama. Mata da yawa na ɗaukarsa ciwon sanyi su yi ta shan magani. Na sanyi yakan zo da ƙaiƙayi, ko wari, ko launin ɗorawa ko kore, kuma shi ne ke buƙatar likita.

Shin ko kun san cewa malaman Malikiyya sun daɗe da ɗora wa mace lissafin kwanakinta? A Ahalari da Risala, waɗanda ake karantawa a makarantun zaure da na Islamiyya, an nuna cewa haila ba ta wuce kwana 15, jinin biƙi kuma iyakarsa kwana 60. Littafin lissafin kwanaki da mace ta buɗe don ibadarta, shi ne ungozomar asibiti za ta fara tambaya.

Shin ko kun san cewa wadda ba ta yi boko ba ma tana iya wannan ƙirga? A farkon shekarun 2000 Jami'ar Georgetown ta Amurka ta fito da carbin lissafin wata mai suna CycleBeads, mai duwatsu 32 da ɗan zoben roba. Ranar da jini ya zo a sa zoben kan jan dutse, kullum a matsar da shi gaba ɗaya. Fararen duwatsu 12, daga rana ta 8 zuwa ta 19, su ne kwanakin da ciki ke iya shiga. Masu kwana 26 zuwa 32 kaɗai yake yi wa aiki. Cikin mata 100 da suka bi shi sau da ƙafa, kusan 5 ne ke ɗaukar ciki a shekara, amma a yadda aka saba amfani da shi adadin na kai 12. Sai da haɗin kan maigida.

Shin ko kun san cewa mai jego na iya ɗaukar ciki tun kafin ta sake ganin jini? Ƙwai ne ke fara fita, jini ya biyo baya, kuma ta nan kwanika ke shammatar mutane. Shayarwa na karewa da kusan kashi 98 cikin 100, amma sai sharuɗɗa uku sun haɗu: jariri bai kai wata 6 ba, nono zalla yake sha dare da rana, kuma haila ba ta dawo ba. Ruwan da ake ɗura wa jinjiri saboda zafin gari na rage masa tsotso, ya kuma raunana wannan kariya, alhali fiye da kashi 80 cikin 100 na nono ruwa ne. Hukumar Lafiya ta Duniya na ba da shawarar a huta aƙalla wata 24 bayan haihuwa kafin a sake ɗaukar ciki.

Shin ko kun san cewa zafi na taɓa namiji shi ma? 'Ya'yan maraina na aiki ne a sanyin da ya gaza na jiki da kusan digiri 2, kuma ƙwayar maniyyi na ɗaukar fiye da wata 2 kafin ta kammala. Don haka zazzaɓi mai tsanani na iya rage ƙwayoyin namiji na wasu watanni. Hukumar Lafiya ta Duniya ta bayyana a 2023 cewa mutum 1 cikin 6 na gamuwa da jinkirin haihuwa a rayuwarsa. A kusan rabin gidajen da abin ya shafa akwai hannun namiji a ciki. Samun ɗa namiji ko 'ya mace kuwa, a fuskar halitta, daga ƙwayar uba yake fitowa. Gorin da ake yi wa mata a kan waɗannan abubuwa biyu zalunci ne.

Shin ko kun san lokacin da ya kamata a bar lissafin gida a nemi likita? Idan an shekara ana tare ba ciki, ko wata 6 ga wadda ta haura shekara 35, miji da mata su je tare a duba su duka biyun. Haka idan jini na wuce kwana 8, ko yana zuba har da jiri, ko ciwon mara na hana aiki, ko an yi wata 3 ba haila kuma ba ciki ba shayarwa, ko jini ya dawo bayan an daina haila. 'Yar'uwa, ki buɗe littafinki daga jinin da ke tafe, ki koya wa 'yarki da ƙanwarki, ki kuma riƙe shi a hannu duk ranar da za ki ga ungozoma. Allah ya ba mu lafiya da zuri'a ɗayyiba.