Wa Ya Ja Layin Da Ke Tsakanin Katsina Da Maraɗi?

Tun ranar 29 ga Janairu 2025, da ficewar Nijar da Mali da Burkina Faso daga ƙungiyar ECOWAS ta tabbata, aka kuma shiga fitar da sabon fasfo na ƙawancen ƙasashen Sahel, da wuya Hausawan Greensboro su taru a wajen suna ko walima ko hirar bayan Juma'a ba a taɓo zancen iyaka ba. Ba kuwa abin mamaki ba ne, domin wannan gari na jihar Karolina ta Arewa ya tara 'yan Nijar masu yawa, Hausawa da Zabarmawa, ga kuma 'yan'uwansu na Nijeriya, galibinsu kuwa in ka bincika za ka tarar mutum yana da kawu a Maraɗi da gwaggo a Katsina. Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne wata magana guda wadda kowane ɓangare yake kafa hujja da ita, mai goyon bayan sojojin Yamai da mai sukar su, har ta zama kamar ba ta bukatar dalili. Cewa ake yi: "Ai Turawa ne suka zauna a Barlin suka sa rula suka raba mu, da can duk ƙasa ɗaya muke."

Akwai ƙamshin gaskiya a cikin wannan magana, shi ya sa take da wuyar cirewa daga zukata, amma tarihi bai tafi haka ba. Taron Barlin, wanda aka yi daga Nuwamba 1884 zuwa Fabrairu 1885, ya tsaya ne a kan ciniki a kogin Kwango da kogin Kwara, da ƙa'idar da ƙasashen Turai za su bi in ɗayansu ya yi da'awar mallakar wani yanki na gaɓar teku. Ba a ja ko da taƙi ɗaya na iyakar ƙasar Hausa a can ba. Layin da muke ƙetarawa yau a Jibiya da Illela da Maigatari sai da aka yi shekara ashirin ana jayayya a kansa. A 1890 Ingila da Faransa suka yi ittifaƙi a kan layi daga Sayi a bakin Kwara zuwa Barruwa a bakin tafkin Chadi, bisa sharaɗin duk abin da yake na daular Sakkwato ya faɗa hannun Ingila. A 1898 suka sake zama, suka kafa tsini a kan birnin Sakkwato suka zagaya da'ira mai nisan mil 100, wadda ta sa Birnin Ƙonni a ɓangaren Ingila, sauran layin kuma ya haɗa da Maraɗi da Tsibiri. Da Faransawa suka ga an bar su da tudun da ba rijiyoyi, ba su da hanyar da ayarinsu zai bi daga Kwara zuwa Damagaram ya sha ruwa, sai suka nemi gyara, aka yi musu a mu'ahadar 1904, kuma cikin abin da suka bayar a madadi har da haƙƙin kamun kifi da suke da shi a gaɓar Newfoundland, can ƙetaren tekun Atilantika. Aka ƙara daidaita layin a 1906, sa'an nan Kyaftin Tilho na Faransa da Manjo O'Shee na Ingila suka bi ƙasa daga 1906 zuwa 1908 suna kafa alamu 148, aka sa hannu a 1910.

Wanda ya lura da sharaɗin 1890 zai ga inda maganar "ƙasa ɗaya muke" ta rushe. Turawan nan ba su yi gardama a kan fili marar mai shi ba. Gardamarsu ita ce, ina ikon Sarkin Musulmi ya tsaya? Ba za a yi wannan tambaya ba sai in akwai inda ya tsaya ɗin. Bayan da jama'ar Shehu Usmanu ɗan Fodiyo suka ci Katsina wajen 1807, Umarun Dallaji ya hau, zuriyar tsofaffin sarakuna ba su miƙa wuya ba, suka yi arewa, har Ɗan Kasawa ya kafu a Maraɗi wajen 1819, inda har gobe sarautar take amsa sunan Sarkin Katsina. Gobirawa kuma, bayan faɗuwar Alƙalawa a 1808 da kashin da suka sha a Gawakuke a 1836, suka kafa Tsibiri. Kabawa suna Argungu. Damagaram, wadda ta kai ƙololuwa a zamanin Sarki Tanimu, Barno take kai wa gaisuwa. Muhammadu Bello bai gina Wurno da sauran ribaɗoɗi don ado ba, kuma mutanen ƙauyukan da ke kewaye da dajin Rugu, waɗanda hare-haren Ɗan Baskore na Maraɗi suka hana su barci, ba su bukaci wani Bature ya gaya musu cewa tsakanin Katsina da Maraɗi akwai haddi ba. Ban ce layin Turawa ya hau kan tsohon haddin daidai wa daida ba, domin Ƙonni, wadda take da alaƙa da Sakkwato, ta faɗa wa Faransa. Amma a wurare da yawa tsohon tabo suka bi suka zurfafa shi.

To, in haddi ya daɗe, mene ne sabo? A nan mas'alar take, kuma a nan ya kamata mai karatu ya dakata. Magabatanmu sun san daula da nizaminta tun kafin wani jirgin Turawa ya shigo Kwara: Shehu Magili ya rubuta wa Sarkin Kano Muhammadu Rumfa, wanda ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499, risala a kan abin da ya wajaba a kan sarakuna, Abdullahi ɗan Fodiyo ya wallafa Liya'ul Hukkami, Bello ya rubuta Usulus Siyasa, akwai waziri da alƙali da ma'aji, akwai kuɗin ƙasa da jangali da zakka, akwai wasiƙu masu hatimi da ke kai-komo tsakanin Sakkwato da Kano da Zazzau. Sai dai ikon wannan daula a kan mutane ya rataya, ta hanyar mubaya'a da gaisuwa da amana, kuma misalinsa kamar wutar da aka hura a tsakar gida ne a daren hunturu. Wanda yake kusa da ita zafinta yana kai masa sosai, har ya ƙone shi in bai yi hankali ba; na bayansa yana jin ɗumi; na can nesa haskenta kawai yake hange; babu kuwa mai iya nuna maka da yatsa ya ce nan ne ɗumin ya ƙare. In maƙwabci ya hura tasa wutar, mutumin da ke tsakani zai ji ɗumin biyu, ya juya wa wannan gaba yau, gobe ya juya wa waccan. Haka garuruwan bakin daji suke kai gaisuwa wuri biyu don su tsira, haka kuma ikon sarki yake faɗaɗa in ya samu itace, wato dawaki da dukiya da adalci, ya tsuke in ya rasa. Talakan da zalunci ya ishe shi yana da mafita guda wadda sarakuna suke tsoro ƙwarai, ita ce ya kwashe iyalinsa ya yi ƙaura.

Kada kuma a ɗauka zamanin nan zamanin walwala ne da kowa ke tafiya inda ya so. Madugun da ya ja ayari zuwa Gwanja neman goro yana biyan kuɗin fito da gaisuwa gari bayan gari, kuma wanda aka kama a dajin da ke tsakanin dauloli biyu makomarsa kasuwar bayi. Mai kewar wancan zamani ya kamata ya sa wannan a ma'auni.

Daular zamani ta zo da wata da'awa dabam, wadda Turai kanta ba ta kai gare ta ba sai bayan yaƙe-yaƙe masu tsawo, kuma malaman tarihi sukan ɗauki sulhun Westfaliya na 1648 a matsayin alamar farkonta. Da'awar ita ce ikon hukuma ɗaya ne daga fadar shugaba har zuwa dutsen ƙarshe na iyaka, ba ya raguwa da nisa, taku ɗaya bayan dutsen kuwa ba ta da iko ko na ƙwayar zarra. Kowane mutum kuma dole ya zama na hukuma ɗaya, da takardar shaida. Fasfo irin wanda muke riƙewa bai daidaita a duniya ba sai bayan taron Paris na 1920. Da shugabannin Afirka suka taru a Alƙahira a 1964 suka yi alkawarin riƙe iyakokin da suka gada, wannan da'awa suka karɓa da hannunsu, don gudun fitinar da sake rabo zai haifar. Saboda haka layin ya fi shekara sittin yana hannunmu, fiye da shekarun da ya yi a hannun waɗanda suka ja shi.

Mu da muke zaune a Greensboro mun fi kowa cancantar fahimtar wannan, domin ƙasar da muke takawa da alƙalami aka yanka ta. A 1663 Sarkin Ingila Charles na Biyu, wanda bai taɓa ganin wurin ba, ya ba wasu fadawansa takwas Karolina, ya iyakance ta da layukan taswira, ba tare da an shawarci Saura da Keyauwee da sauran mutanen asali da ke zaune a cikinta ba. Aka yanka gundumar Guilford, wadda Greensboro take ciki, a 1771. Ranar 15 ga Maris 1781 Janar Nathanael Greene na Amurka ya kara da Janar Cornwallis na Ingila a filin da yake yanzu arewacin gari. Ingilishi suka riƙe filin, amma suka rasa kimanin rubu'in rundunarsu, kafin shekara ta ƙare kuwa Cornwallis ya miƙa wuya a Yorktown. Garin Greensboro kansa ba a kafa shi ba sai 1808, shekarar da Alƙalawa ta faɗi, kuma yadda aka zaɓi wurinsa ya isa darasi: masu awo aka sa suka nemo tsakiyar gundumar, aka ce a nan za a gina kotu. A ƙasar Hausa birni yake fara tsayuwa, ƙasa ta biyo bayansa gwargwadon ƙarfinsa. A nan kuwa layi ya riga gari.

Wannan ƙasa ma ba ta tsaya da ƙafarta a dare ɗaya ba. Karolina ta Arewa ta ƙi amincewa da kundin tsarin mulkin Amurka a taron Hillsborough na 1788, ba ta shiga ba sai Nuwamba 1789. Ta fice a Mayu 1861, kuma a Afrilu 1865 shugaban 'yan-aware Jefferson Davis ya sauka a Greensboro yana gudu bayan Richmond ta faɗi. Har ranar 1 ga Fabrairu 1960, watanni kaɗan kafin Nijar da Nijeriya su samu mulkin kai, sai da ɗalibai baƙar fata huɗu na kwalejin A&T suka zauna a wurin cin abinci na kantin Woolworth a titin Elm suka ƙi tashi, don a tabbatar musu da abin da takardarsu ta 'yan ƙasa ta riga ta ce nasu ne. Ba wanda yake cewa Karolina ƙasar ƙarya ce don wani sarki a Landan ya zana ta. Abin da ya ba layin daraja shi ne abin da aka yi ta ginawa a cikinsa, da jini da shari'a da haƙuri.

Illar maganar Barlin, a ganina, ita ce tana sauke wa mahukuntanmu nauyi, tana kuma koya wa talaka sakaci. Wanda ya gaskata cewa iyaka ƙarya ce ba ya damuwa ya yi wa ɗansa takardar haihuwa, sai ranar da ya tsaya gaban jami'in shige da fice, a nan ko a gida, ya tarar duk nasabarsa ba ta kai nauyin takarda guda ba. Mai mulki kuma, in an tambaye shi halin da mutanen bakin iyaka suke ciki, sai ya ɗora wa Turawan da suka daɗe a kabari. Alhali kayan gyara suna nan: akwai hukumar haɗin gwiwa ta Nijeriya da Nijar tun 1971, akwai yarjejeniyar zirga-zirga ta ECOWAS ta 1979, ko da yake Nijar ta fice daga ƙungiyar, ga kuma layin dogo da ake shimfiɗawa daga Kano zuwa Maraɗi.

Karolina ta Arewa da ta Kudu sun shafe shekaru suna sake awon iyakarsu, saboda bishiyoyin da masu awon farko suka yi wa alama sun daɗe da mutuwa, kuma da sabon layin ya fara aiki ranar 1 ga Janairu 2017, wasu gidaje suka wayi gari a wata jihar. Kafin ranar ta zo, majalisun jihohin biyu sun riga sun yi doka a kan makarantar 'ya'yan waɗannan gidaje da wutarsu da harajinsu, don kada gyaran taswira ya zama musiba a kan wanda bai ji ba bai gani ba. Na san waɗannan jihohi ne na ƙasa ɗaya, kuma juyin mulki ba awon fili ba ne. Amma bayan juyin mulkin 26 ga Yuli 2023 a Nijar, cikin kwana huɗu aka yanke hukuncin rufe iyaka mai tsawon kimanin kilomita 1,500, aka katse wutar lantarkin da Nijeriya ke ba Nijar, ba tare da wani tanadi ga majinyacin da asibitinsa ke ƙetare ba, ko manomin da gonarsa ke bayan dutsen Tilho, ko mai albasa da kayansa ke ruɓewa a mota tsakanin Ƙonni da Illela. ECOWAS ba ta ɗage takunkumin ba sai 24 ga Fabrairu 2024, iyakar kuma ba ta buɗe ba sai a watan Maris, bayan fiye da wata bakwai.