Sanata da Tazarce: Yadda Abin Yake a Maƙwabta

Masu zaɓe a Agye, Gazawa da Gidan Rumji na ƙasar Nijar ba su taɓa zaɓen sanata ba. Kundin tsarin mulkin 2009 na zamanin Shugaba Tandja ya tanadi majalisar dattawa, amma juyin mulkin Fabrairun 2010 ya rufe maganar.

A Najeriya kuwa, kowace jiha sanatoci uku gare ta, Abuja ɗaya, jimilla 109. Wa'adinsu shekara huɗu ne, kuma doka ba ta ƙayyade yawan tazarcensu ba. Ikon yana hannun mai dangwala yatsa a takardar ƙuri'a. Misali, Sanata Kabiru Gaya ya wakilci Kano ta Kudu tun 2007, amma a zaɓen 25 ga Fabrairu, 2023, Kawu Sumaila na jam'iyyar NNPP ya kayar da shi.